Ranar da Dona Zuleide ta Juya Kujerarta

A Pitombeira, in ka tambayi gidan Edvando Bezerra sai mutane su tsaya suna kallon juna. Amma ka ce Vando ɗan ƙwallo, mai tallar kifi ma sai ta ajiye tirenta ta raka ka. Gidan da za a nuna maka mai shuɗin fenti ne, dab da filin ƙwallon garin, kuma ba nasa ba ne, na mahaifiyarsa ne, Dona Zuleide. Nasa yana can bayan kasuwa, mai bene, amma in ba barci ba babu abin da ke kai shi.

Shekara goma sha takwas ya yi yana buga ƙwallo a ƙasashen mutane. Ba a taɓa kiransa ƙungiyar ƙasa ba, shi ma bai taɓa zaman jiran kiran ba, don irinsa a Brazil ba su ƙirguwa. Ɗan wasan tsakiya ne, gajere, mai bugu da hagu, yana gudu kafaɗa ɗaya a karkace kamar wanda ya ɗauko bokitin ruwa. Abu ɗaya ya ci abinci da shi: kafin ƙwallo ta iso ƙafarsa ya riga ya ɗaga kai ya ga inda zai tura ta. Masu horarwa a ƙasa biyar sun tambaye shi inda ya koyo wannan. In ya ce wajen uwarsa sai su yi dariya, a zatonsu raha yake yi.

Dona Zuleide tela ce. Ita ke ɗinka wa ƙungiyar garin riguna, ita ke wanke su ranar Litinin, kuma kekenta na ɗinki a bakin ƙofa yake, yana fuskantar fili. Mijinta ya rasu tun Vando bai fara tafiya ba, ya bar mata keken da rediyo da ciwon son ƙwallo. Daga bakin ƙofar nan ta riƙa horar da yaran garin ba tare da kowa ya sa ta ba, alƙalan wasa kuwa sun fi shakkarta a kan sauran 'yan kallo gaba ɗaya. Ɗanta da magana ɗaya ya tashi a kunne.

"Ɗaga kai, Vando. Me ka yar a ƙasa da kake nema?"

Yana da shekara goma sha takwas wata ƙungiya a Fortaleza ta ɗauke shi. Bai cika wata uku ba wani mai tsaron baya ya shigo masa da ƙafa biyu, gwiwar dama ta tashi daga aiki. Likita ya ce tafiya dai zai yi, amma ƙwallo ya manta da ita.

A wajenmu, in likita ya gama maganarsa sai uwa ta fara tata. Dona Zuleide ta fito daga asibitin, ta tsaya a gefen titi motoci na wucewa, ta yi wa Waliyyi Francisco na Canindé bakance. In yaron ya sake buga ƙwallo, zai ɗauki ƙafar itace ya kai masa har gida, a ƙasa, tafiyar kwana huɗu. Wannan kowa na yi. Sai dai ta duba ta ga abin ya yi mata arha, don yaron ne zai sha tafiyar, ita ba ta ba da komai ba. Sai ta ɗora abin da ta fi so a duniya a kai: ba za ta ƙara kallon Vando yana taɓa ƙwallo ba har sai ƙafar itacen ta isa Canindé.

Wata goma sha huɗu gwiwar ta ɗauka, ta warke. Bai daɗe da komawa fili ba wani dillalin 'yan wasa ya zo da tikitin jirgi zuwa Portugal, tashi nan da kwana biyar. Sai a lokacin ta gaya masa maganar ƙafar itace da tafiyar Canindé, ta ce ya tafi abinsa, waliyyi ba gudu zai yi ba. Rabi na biyun ta haɗiye. Ta san ɗanta, ya ji wannan sai ya yaga tikitin.

Haka Vando ya shiga duniya. A Portugal ruwan sama ya dake shi shekara uku, kuma duk da an ce yarensu ɗaya, sai da ya yi wata uku yana gyaɗa kai bai san abin da koci ke cewa ba. Daga nan wata ƙungiya a bakin teku a Tunisiya ta saye shi, a nan ya yi shekara shida mafi daɗi a rayuwarsa. A nan ya kai matarsa Gorete, a nan aka haifi 'yan matansa biyu, a nan ya ɗaga kofi. Azumin farko da ya riske shi a can, kunya ta hana shi cin abinci a gaban abokan wasa, ya bi su kwana uku yana layi a fili. Rana ta huɗu mai dafa abincin kulob ya ja shi kicin, ya rufe ƙofa, ya tura masa faranti ya ce, "Ci, ɗan'uwa. Ladan ba naka ba ne, gara ka bar mana ƙafafun."

Sai Qatar, inda ya buga shekara biyu a filaye masu kyau da ba kowa a ciki, har yana jin tarin mai tsaron gidan abokan karawa. Sai Koriya, inda ya ga ƙanƙara tana zubowa daga sama ya kira gida yana ihu a waya, inda kuma aka tsare shi a filin jirgi saboda buhun garin rogo da mazarƙwailar da ya ƙunso a akwati, sai da ya ɗiba ya watsa a baki a gabansu suka sake shi. Ya ƙare a Cyprus, gudu ya ragu, kai dai yana nan a ɗage. Duk inda ya je ba ya daɗewa a benci. Bai yi suna ba, amma babu garin da ya bari ba a raka shi filin jirgi ba.

Duk hutun da ya zo gida sai ya tayar da maganar Canindé, ita kuma sai ta kashe ta. Kwantiraginsa ko babur bai yarda ya hau ba, balle tafiyar kwana huɗu a rana. Takan ce, "Bari sai ka gama. Kada ka je ka lalata gwiwar da aka ba ka aro." In ya shiga fili da abokai da yamma kuwa, kullum tana da wake a wuta, ko kuma ta juya kujerarta ta kalli bango wai rana na dukan idonta. Bai taɓa kawo komai a ransa ba.

Kaset ɗin wasanninsa yake aiko mata, daga baya faifai. Ana kai su shagon askin Cosme, abokinsa na yarinta kuma tsohon golan garin, don shi ke da bidiyo. Rabin unguwa ya taru, Dona Zuleide ta zauna a gaba, ta ba talabijin baya, Cosme yana ba ta labarin duk motsin da ɗanta ya yi. Ranar Lahadi in Vando ya bugo waya ta zauna ta yi masa gyara dalla-dalla, har da faɗa. Kaf Pitombeira an san wannan. Garin da ba a ɓoye ko cikin wata biyu, ya riƙe sirri ɗaya shekara ashirin, kuma ni har gobe ina ganin wannan ya fi kofin Tunisiya wuyar ci.

Ya rataye takalmi yana da shekara talatin da takwas, ya tattaro iyali ya dawo gida. Gari ya ce sai an yi masa wasan bankwana, irin wanda aka saba, magidanta da samari, ranar Lahadi ta sama. Aka zauna a shagon Cosme ana tsara wa zai kawo akuyar gashi, wa zai kira makaɗa. Vando ya ce shi buƙatarsa ɗaya, a kafa wa uwarsa rumfa a daidai layin tsakiya, ta zauna kamar shugabar kulob.

Cosme yana tsaka da yi wa wani gyaran fuska, ya ce, "Rumfar za ta kalli fili ne ko bango?"

Wanda ake wa aski ya rufe ido. Vando ya bi fuskoki da kallo, kowa ya sami abin dubawa a ƙasa. Da ya koma gida ya tsare Gorete, ita kuma ta ga ba sauran amfanin ɓoyo, ta zayyane masa komai tun daga gefen titin Fortaleza. Ta ƙara masa da abin da ya fi wancan nauyi. Ciwon suga ya fara cin idon tsohuwar. Ba gajiya ce ta sa ta bar ɗinki ba, allurar ce ba ta gani. Likitan da suka gani a Quixadá ya ce kafin damina ta zagayo wataƙila haske da duhu kawai za ta riƙa bambancewa.

Ya sami uwarsa a tsakar gidanta tana tsince wake da yatsu, ba ta ko kallon tiren.

"Sa mini albarka, Mainha," in ji shi, wato Inna a bakin mutanenmu.

"Allah ya yi maka albarka. Ka ci abinci?"

"Shekara ashirin, Mainha."

Hannunta ya ɗan tsaya, sannan ya ci gaba. "Cosme ne ko? Tun yana yaro ba ya riƙe komai. In ƙwallo ce ta wuce, in magana ce ta wuce."

"Duk kaset ɗin da na yi ta aikowa fa?"

"Na saurare su duka. Wasu sau goma."

"Kin ce mini fasin da na bayar ranar kofi ba ki taɓa ganin irinsa ba."

"To ƙarya na yi? Ban gani ba ai. Cosme ya ce ka ɗaga kai, ka jira, ka zura ta tsakanin mutum biyu. Na ji filin ya ɗauke numfashi, sannan ya fashe. Me ya rage?"

"Gani ya rage."

Ya zauna a ƙasa kusa da ƙafarta, ƙaton mutum mai furfura a gemu, ya yi kuka irin wanda bai yi ba ko ranar da gwiwar ta karye. Haushinta yake ji, da tausayinta, da kunyar kansa da bai taɓa lura ba. Ta bar shi ya gama, sannan ta ce, "Da na faɗa maka, da yanzu kana nan kana facin taya, ina kallonka duk Lahadi kana buga wa magidanta. Ba wannan na roƙa ba. Tashi ka sauko mini da abin da ke kan kwabar ɗakina."

Ƙafar itacen ce, naɗe a tsohon zanin gado. Siririya ce, ƙafar ɗan shekara goma sha takwas, masassaƙin har tabon ɗinkin gwiwa ya zana mata. A ƙarƙashinta akwai doguwar riga mai ruwan ƙasa irin ta masu ziyara, wadda ta ɗinka masa tun wancan lokaci. Ya gwada, rigar ta tsaya a ƙirji ta ƙi gaba, sai da Gorete ta farke gefe ta ƙara ƙyalle. Cosme ya leƙo ya ce ai mota na kai mutum Canindé cikin awa biyu, waliyyi ba ya duba tikiti.

"A ƙasa na ce," in ji Dona Zuleide.

Vando ya shirya wa tafiyar kamar wasan ƙarshe na kofi. Ya zana jadawali a takarda, kilomita kaza a awa, shan ruwa a minti kaza, miƙe jijiya a kaza. Ya ɗauko wasu takalman gudu sababbi fil da ya sayo a Koriya, waɗanda ko ƙasa ba su taɓa takawa ba. Ranar Litinin da sassafe ya saɓa ƙafar itace a kafaɗa ya kama hanya. Cosme ya rufe shago ya biyo shi a babur da kular ruwa, yana tafe a hankali yana watsa labari da muryar mai sharhin rediyo.

"Vando ya karɓi hanya. Vando ya tunkari jaki. Ya wuce jaki, jama'a. Jaki ya dawo, jaki ya wuce Vando."

Vando ya ce, "Compadre, aminina, in na jefe ka da ƙafar nan bakancen ya karye?"

"Kai dai tafi. Ga wata tsohuwa can ta kusa kamo ka."

Kuma ta kamo shi ɗin. Zuwa azahar ta rana ta biyu sababbin takalman sun gama da shi. Ƙafa biyun duk sun yi bororo, yana takawa kamar mai tafiya a kan garwashi, jadawalin kuwa tuni Cosme ya yi fifita da shi. Ayarin wasu tsofaffin mata masu ziyara suka zo suka wuce shi suna waƙa, kowacce da silifas ɗin da ya ga duniya. Ta ƙarshensu, Dona Quitéria, wadda wannan ce tafiyarta ta talatin da ɗaya, ta tsaya ta ƙare masa kallo daga sama har ƙasa.

"Ɗana, wa ya ce maka ana zuwa Canindé da sabon takalmi?"

"Na gudu ne, Dona. Masu tsada ne."

"Gudu za ka yi? Zauna. Cire."

Ta zaunar da shi a inuwar wata bishiya, ta fito da allura da zare da gwangwanin kitsen rago. Mutumin da likitocin ƙasa biyar suka duba ƙafarsa da na'ura ya miƙa ta ga tsohuwar da bai taɓa gani ba, yana cije leɓe. Tana aiki tana tambaya.

"Bakancen wa ka ɗauko?"

"Na uwata."

"Dama. Ku maza ɗauka kawai kuka iya. Wane aiki kake yi?"

"Ɗan ƙwallo ne," in ji Cosme. "Ƙasa biyar ya buga."

"Da waɗannan ƙafafun? To Allah ya kyauta wa ƙasashen."

Ta koya masa abin da kowane yaro a hanyar Canindé ya sani. A tashi da asuba, a tsaya ƙarfe goma, a kwanta a inuwa har rana ta karya, sannan a ci gaba. Ta sa Cosme ya cire silifas ɗinsa ya ba Vando, Cosme kuma ya hau babur da takalman Koriya yana ta yanga. Daga nan Vando ya shiga ayarin matan, shi kaɗai namiji, suka riƙa ba shi dambun masara da busasshen nama, suna sa shi ya ba su labarin ƙanƙara. Ya ce tun da ya bar Tunisiya bai shiga ƙungiyar da ta yi masa daɗi kamar wannan ba.

Ranar Alhamis da hantsi suka shiga Canindé. Ɗakin da ake ajiye kayan bakance cike yake har rufi: ƙafafu, hannuwa, kawuna, ƙirji, manya da ƙanana, wasu itacen ya yi baƙi don tsufa, wasu ƙamshin sassaƙa bai bar su ba. Vando ya tsaya a tsakiya ya rasa inda zai sa tasa. Shekara ashirin yana ganin gwiwarsa ita ce babban labari, ga shi yau a cikin dubban irinta, kowacce da wanda ya tsaya a gefen wani titi ya roƙa.

Ya juya ƙafar zai jingine ta, sai ya ga rubutu a tafinta da bai lura da shi ba duk kwanakin nan. Hannun uwarsa ne, da biro, ya ɗan koɗe. An rubuta sunansa, da nata, da kwanan wata, sai kalma biyu: na gode. Ya duba kwanan watan sau biyu. A ranar ko sati uku bai yi da karaya ba, yana kwance da filasta har cinya, likita na cewa a manta.

Ya jingine ƙafar, ya fito da waya ya kira gida.

"Na ajiye, Mainha."

Ta ce, "Da ƙafarka ka shiga?"

"Da silifas ɗin Cosme."

"To dawo. Ka hau mota, dawowa ba ta cikin maganar."

Ranar Lahadi tun ƙarfe uku filin ya cika. Akuya na kan wuta, makaɗa sun kafa a ƙarƙashin bishiyar kashu, mutanen ƙauyukan kewaye sun zo a bayan manyan motoci. Magidanta suka sa tsofaffin riguna masu ruwan ɗorawa da Dona Zuleide ta ɗinka shekarun baya, kowanne tumbi ya leƙo ta ƙasa. Samari suka tuɓe riga kamar yadda aka saba. Takalmin Vando ya ƙi shiga saboda bandeji, sai na mai gidan burodi aka aro masa, wanda ya fi ƙafarsa da lamba uku.

Rumfar da aka kafa a layin tsakiya ba ta samu mai ita ba. Dona Zuleide ta ce ita a bakin ƙofarta ta bari, a nan za ta ɗora. Ta fito da rigar zuwa coci, gashi a gyare. Kujerarta na nan inda take, tana kallon bango. Mutum uku suka zabura za su taimaka, ta ɗaga musu hannu. Da kanta ta kama kujerar, ta ja ta a hankali ƙafafunta na kartar siminti, ta juyo da ita ta fuskanci fili, ta zauna. Makaɗan ma sai da suka tsaya.

Aka busa usur. Gorete ta sunkuyo kusa da kunnenta ta fara, "Ga shi can, Dona Zuleide, kusa da..."

"Yi shiru, 'yar nan. In ban gane shi da kaina ba, to tafiyar banza ya yi."

Ta ƙura ido. Abin da take gani bai wuce wasu abubuwa masu ruwan ɗorawa suna yawo a cikin ƙura ba, babu fuska, babu lamba. Gudun ɗanta take nema, wannan kafaɗar da ke karkacewa, kuma babu ita a filin. Vando ɗingishi yake yi. Ga bororo, ga takalmin aro, ga wani tsoro da bai taɓa ji ba ko a gaban mutum dubu hamsin. Ƙwallo ta zo masa sau uku, duk ukun kansa na ƙasa yana lallaɓa ƙafa, ya rabu da ita da sauri. Minti biyar ya wuce, goma ta wuce. Dona Zuleide na bin wannan ta saki ta bi wancan, hannunta ya damƙe hannun kujera. Gorete ta fara addu'a a ciki. Cosme a raga ya daina barkwanci, abin da ba a taɓa gani ba.

Sai wani ya buga wata doguwar ƙwallo ta bangaren hagu, ta wuce kowa tana shirin fita. Vando bai yi shawara da ƙafafunsa ba. Ya manta da bandeji ya bi ta da gudu, kafaɗar dama ta sauka, ta hagu ta hau, ya tare ta a kan layi, kai a sunkuye.

Dona Zuleide ta miƙe tsaye.

"Ɗaga kai, Vando! Me ka yar a ƙasa?"

Muryar ba ta tsufa ba ko kaɗan. Ya ɗaga kai. Bai ga ɗan wasa ko ɗaya ba, uwarsa ya gani a bakin ƙofa mai shuɗin fenti, fuskarta na kallonsa, yatsa a miƙe daidai inda yake. Ya tsaya ƙyam da ƙwallo a ƙafa yana dariya, hawaye na bin gemu. Wani bakanike daga cikin samari ya zo ya zare ta a hankali, har da cewa a gafarce shi, ya ruga ya zura wa Cosme.

Filin ya kece da dariya da tafi, har waɗanda aka ci suna rungumar juna. Dona Zuleide ta jira hayaniyar ta lafa.

"Ɗaga kai na ce, ban ce ka yi sadaka da ita ba."

Daga nan ƙafafun suka saki. Bai yi wani abin a-zo-a-gani ba, shekaru da bororo ba su bar shi ba, amma ana dab da tafiya hutun rabin lokaci ƙwallo ta zo masa a tsakiya. Ya riga ya duba. Ya taka ta, ya jira har samari biyu suka taso masa, sannan ya zura ta tsakaninsu da hagu, a ƙasa, ba ƙarfi. Ta tafi ta sami mai gidan burodi a gaban raga, mutumin da rabonsa da cin ƙwallo tun kafin ya yi aure, kuma ba abin da ya rage masa sai ya sa ƙafa. Ya sa. Da yake takalminsa na ƙafar Vando, da safa ya ci.

Vando bai jira usur ba. Ya fice daga fili yana jan takalman aro, ya ratsa mutane, ya durƙusa a gaban kujerar. Ta kama fuskarsa da hannu biyu ta matso da ita dab da tata.

"Kin gani, Mainha?"

"Na gani."

"Duka?"

"Tun daga inda ka taka ta." Ta share masa gumi da gefen hannun rigarta ta coci. "Shekara ashirin Cosme yana cutata. Ashe ko rabin abin ba ya faɗa."

Daga can cikin raga Cosme ya ɗaga hannu ya ce shi dai aski ya koya. Ta ce gobe da safe ya kawo bidiyon gidanta, da kaset ɗin gaba ɗaya, a jera su bi da bi tun daga na Portugal, kuma a matso mata da talabijin kusa. Sannan ta tura ɗanta da gwiwar hannu ta ce ya koma, ba a tashi wasa ba, kuma ya tsaya ta wannan gefen inda rana ba ta kashe mata ido.